Wace ce Apgar ɗin da ake rubutawa a katin haihuwa?

Baban Khalil: Assalamu alaikum 'yan gida. Don Allah ma'aikatan lafiyan cikinmu ku taimaka min. Shekaranjiya Allah ya sauki maiɗakina lafiya, an samu mace. Yau ina duba katin da aka sallame su da shi sai na ga an rubuta A/S, a gabansa 6 da 9. Ni AA ne, ita ma AA ce, kafin aure sau biyu muka yi gwaji. To ta ina AS ya fito? Tun azahar na kasa cin abinci, kuma ban gaya mata ba.

Maman Ilham: Wa alaikumus salam. Barka, barka! Allah ya raya, ya ba mai jego lafiya. Ɗana, tashi ka je ka ci abincinka. Wannan ba rukunin jini ba ne, makin Apgar ne muke taƙaitawa haka. Shekara 31 na yi a ɗakin haihuwa kafin in yi ritaya, kuma ba kai ne na farko da haruffan nan biyu suka hana barci ba. Na taɓa ganin wanda ya zo da yayansa za a yi rigima a kansu.

Baban Khalil: Alhamdulillahi! Wallahi Anti kin sauke min dutse. To amma 6 ɗin fa? Cikin nawa ne? Kada dai a ce yarinyar ta fara da faɗuwa jarrabawa tun ranar farko.

Likitan Yara: Barka Baban Khalil. Cikin 10 ne. Abu biyar ake dubawa, kowanne a ba shi 0 ko 1 ko 2. Bugun zuciya: in babu 0, in bai kai 100 a minti ba 1, in ya haura 2. Numfashi: babu, ko sama-sama, ko kuka mai ƙarfi. Ƙarfin jiki: ya saki laƙwas, ko ya ɗan tanƙwashe hannu da ƙafa, ko yana ta wutsil-wutsil. Sai yadda yake mayar da martani in an taɓa shi ko an sa masa robar zuƙe majina a hanci, shiru ne, ko yamutsa fuska, ko atishawa da tsala ihu. Na biyar launin jiki. Ana dubawa a minti 1 da haihuwa, a sake a minti 5. Taka ta samu 6 a farko, wato ta ɗan buƙaci a taimaka mata, kafin minti 5 ta kai 9. Na biyun ya fi na farkon muhimmanci, kuma 9 ba abin da ya fi shi sai 10, wanda da wuya a samu don yawancin jarirai tafin hannu da ƙafarsu ba sa saurin washewa. Ba ya auna ƙwaƙwalwa, ba ya faɗin ko za ta yi ƙoƙari a makaranta.

Ummu Hanif: Mu a makarantar ungozoma haddace mana shi aka yi a matsayin haruffa biyar, kowanne da abin da yake nufi da Turanci. Ni na ɗauka taƙaitawa ce kawai irin su NAFDAC.

Malam Na Tiyata: Kin ga irinta ko! Mutum ce sukutum, mace, sunanta Virginia Apgar. Haruffan da kuka haddace wani likitan yara ne a birnin Denver na Amurka, Joseph Butterfield, ya zauna a 1962 ya laƙa wa kowane harafin sunanta alama ɗaya don ɗalibai su riƙe. Ya yi dabara ƙwarai, har dabarar ta haɗiye mai sunan. Kuma bari in faɗa tun kafin Dakta ya ƙwace ta: ba likitar yara ba ce, ba ta haihuwa ba ce. Tamu ce, masu sa barci a tiyata.

Likitan Yara: Ban ce komai ba fa Malam. Ku riƙe ta, mu mun riƙe makin.

Malam Na Tiyata: To ku saurara. An haife ta 7 ga Yuni 1909 a Westfield, jihar New Jersey a Amurka. Babanta ma'aikacin inshora ne, amma mayen kimiyya ne a gida, yana haɗa na'urar rediyo da ta hangen taurari da hannunsa. Gidan ya san jinya: yayanta ɗaya tarin fuka ya kashe shi yana ƙarami, ɗayan kuma ya yi ta fama da ciwo a yarinta. Ta gama kwalejin Mount Holyoke a 1929, ta shiga makarantar likitanci ta Jami'ar Columbia a New York daidai lokacin da tattalin arzikin Amurka ya durƙushe. A 1933 ta fito ta huɗu a ajinsu, da bashi a wuyanta. Burinta tiyata, kuma ta samu gurbin koyo a asibitin Presbyterian. Shugaban sashen, Allen Whipple, wanda har yau akwai babban aikin ciki da ake kira da sunansa, shi ya kira ta ya ba ta shawarar ta canja layi. Dalilinsa: matan da ya horar kafin ita sun fita sun kasa samun marasa lafiya, ba mai yarda mace ta yanka shi. Ya nuna mata fannin sa barci, wanda a lokacin yawanci nas-nas ke yi, likitoci na ganinsa aikin ƙasƙanci. Ta je Wisconsin wajen Ralph Waters ta yi wata shida, ta ƙara wata shida a asibitin Bellevue wajen Emery Rovenstine, ta dawo Columbia a 1938 aka ba ta jagorancin ɓangaren.

Ummu Hanif: Wato ta zo ta huɗu a aji, hannunta ya iya aiki, amma aka ce ta matsa saboda mace ce. Allah ya isa kawai.

Kawu na Fagge: 'Yata, a yi a hankali da Allah ya isa. Mutumin nan gaskiya ya gaya mata game da zamaninsu, ga bashi a kanta, ga yunwa a gari. Da ta dage ta zama likitar tiyata, da yau wa ya san ta? Wani hani ga Allah baiwa ne.

Ummu Hanif: Kawu, da girmanka, amma Allah ne ya yi mata baiwar, ba Whipple ba. Don abu ya ƙare da alheri ba ya wanke wanda ya tare hanya. Mata nawa aka ba irin wannan shawarar suka ɓace ba a sake jin ɗuriyarsu ba? Ni kaina da na ce zan karanta likitanci, a falon gidanmu aka yanke cewa shekarun sun yi yawa ga mace.

Malam Na Tiyata: Bari in ƙara miki itace a wuta Ummu Hanif. Shekara 11 ta yi tana gina ɓangaren nan. Da farko ita kaɗai ce likita a ciki, ba mai son zuwa don kuɗin kaɗan ne kuma likitocin tiyata ba sa ɗaukarsu tsara. Da abin ya kankama aka mayar da shi cikakken sashe a 1949, sai aka ɗauko namiji, Emanuel Papper, aka ba shi shugabanci, aka ce ya fi ta bincike. Ita kuma aka ba ta farfesa, mace ta farko da ta kai wannan matsayi a makarantar likitancin. Daga nan ne ta tattara ta koma asibitin mata na Sloane, wajen masu haihuwa.

Kawu na Fagge: To ka ga maganata ta sake fitowa. Sau biyu ana rufe mata ƙofa, sau biyu tana faɗawa inda rabonta yake.

Ummu Hanif: Ni kuma na ga sau biyu ana cin amanarta. Mu bar shi haka Kawu.

Ɗan Maraɗi: Ku gafarce ni, ni ba ma'aikacin likita ba ne, amma ban ga abin kirari a nan ba. Kakata ungozoma ce a ƙauyenmu, ba ta san ko bihim ba, amma in jinjiri ya faɗo ta san mai lafiya ta san wanda ya wahala. Ya yi kuka ko bai yi ba, shi ke nan. Don Baturiya ta sa wa abin lamba sai ya zama ƙirƙira? Da a ce magani ta gano ko na'ura, sai in sara mata.

Maman Ilham: Ɗan Maraɗi, Allah ya jiƙan kaka, kuma na yarda ta sani. Amma bari in kai ka ɗakin haihuwa ka gani da idonka. Lokacin da yaro ya fito, hankalin kowa yana kan uwa. Mabiyiya ba ta faɗo ba, jini na zuba, wataƙila ta ƙaru ana neman zaren ɗinki, wata a gadon gefe tana kiran Sista kan ya fito. Jaririn da ya tsala kuka ya ƙwaci kansa, dole a waiwaye shi. Wanda bai yi kuka ba shi ne matsalar, don shiru ba ya kiran kowa. Sai a naɗe shi a zane a ajiye gefe, a ce bari a gama da uwar. Kafin a dawo an yi minti goma, sai a ce ai dama bai zo da rai ba.

Ina sabuwar fitowa, a wani asibiti da ba zan faɗi sunansa ba, na karɓi wani yaro namiji da dare, jikinsa laƙwas kamar tsumma, leɓensa ya yi toka-toka. Wata da ta girme ni a aiki ta leƙo ta ce in rufe shi. Ni kuma takardar da ke gabana tana da gurbin maki, kuma ba yadda zan rubuta lambar bugun zuciya ban duba ba. Na kama gindin cibiyarsa da yatsa biyu. Tana bugawa, a hankali, kamar agogon da batirinsa ya kusa ƙarewa. Na ƙwalla kira aka kawo ambu, robar nan ta taimaka wa numfashi, muka yi ta matsa masa iska, can sai ya yi wani ɗan ƙara kamar mage. Ranar da aka sallame su uwar ta ba ni turmin atamfa na ƙi karɓa, ta ajiye a kan teburi ta tafi.

To abin da Apgar ta yi ke nan. A zamaninta a Amurka ma haka ake yi, likitan haihuwa na kan uwa, likitan yara sai gobe zai zagayo, jaririn da ya fito shuɗi ba ya motsi sau da yawa a lissafa shi cikin waɗanda aka haifa ba rai. Ta ɗora wa wani mutum ɗaya nauyin ya kalli yaron, ta ba shi abu biyar da zai duba, ta yanka masa lokaci: daƙiƙa 60. Kakarka ta iya, amma iyawarta ta bi ta kabari. Wannan kuwa yarinya 'yar shekara 19 za ta koya a yini ɗaya.

Ɗan Maraɗi: Hajiya, wannan bayani ya shige ni. Amma har yanzu ina ganin mutum ne ya ceci yaron, ke ce, ba lamba ba.

Maman Ilham: Allah ne ya cece shi. Amma gurbin lambar ne ya sa na taɓa cibiyar.

Malam Na Tiyata: Kuma lamba tana da wani amfanin da ido ba shi da shi, ana iya tara ta a kwatanta. Ta gabatar da tsarin a taron masu sa barci a 1952, aka buga a 1953, a kan jarirai 1,021 da aka haifa a Sloane. A 1958 ita da abokan aikinta suka fitar da na jarirai 15,348, aka ga ƙarara cewa masu ƙaramin maki su suka fi mutuwa. Ta haɗa kai da wani likitan yara ɗan New Zealand, Stanley James, da Duncan Holaday, suna auna jinin jarirai, suka nuna masu ƙaramin maki iskar oksijin ta yi musu ƙaranci kuma jininsu ya yi tsami. Abin da ya fi burge ni shi ne maganar saiklofurofen, wata iskar sa barci da ake shaƙa wa masu haihuwa a lokacin, wadda ita kanta tana son aiki da ita. Da aka jera makin sai ya nuna jariran matan da aka shaƙa wa ita sun fi fitowa a galabaice a kan na waɗanda aka yi wa allurar baya. Ba ta ɓoye ba, ta buga sakamakon, aka fara janye iskar daga ɗakin haihuwa. Duk matar da aka yi wa aiki yau idonta biyu tana jin kukan ɗanta, akwai hannun Apgar a ciki.

Likitan Yara: Yanzu bari in ɓata muku biki kaɗan, don kada ɗalibai irin su Ummu Hanif su ɗauka wahayi ne. Abin da nake gani a aiki: a turo min jariri daga wani wuri yana jijjiga, ya kasa kama nono, ka duba kati ka ga 8 da 9. Ka tambayi uwa ta ce sai da aka yi kusan rabin awa kafin ya yi kuka. Wannan 8 da 9 ɗin ba a duba aka rubuta ba, bayan an gama komai ne aka cike gurbi. Ita Apgar ta hango haka, shi ya sa ta ce kada wanda ya karɓi haihuwar ya ba da makin, don kowa yana son nasa ya yi kyau.

Sai maganar launi. Littafi ya ce jariri ya zama ja-ja duk jikinsa kafin a ba shi 2. A kan fatar wa aka tsara wannan? A 2023 wata cibiya ta hukumar lafiyar Ingila mai duba bambancin launin fata a harkar jinya ta fitar da rahoto cewa wannan ma'auni ba ya dacewa da jarirai baƙaƙe. Mu nan leɓe da harshe da dasashi muke dubawa. A yi mata adalci dai, tun a takardarta ta 1953 ta rubuta cewa launi ne mafi rauni cikin alamomin biyar.

Babban abin kuma, yau ba a jiran minti ya cika a ƙirga maki kafin a taimaki yaro. Ya fito, a goge shi da tawul mai ɗumi, a murza bayansa, in bai yi numfashi ba a sa masa ambu kafin minti ɗayan ya ƙare. Tsarin da ƙungiyar likitocin yara ta Amurka da abokan hulɗarta suka fito da shi a 2010 don ƙasashe irin namu a kan wannan ya ginu, kuma da aka gwada shi a asibitoci 8 a Tanzaniya mutuwar jarirai a yinin farko ta ragu da kashi 47 cikin 100. Ba girgizawa, ba riƙe ƙafa a zazzago kai ƙasa, ba watsa ruwan sanyi.

Ɗan Maraɗi: Ruwan sanyin nan kam kakata ta yi shi, har da buga kwano a kunnen yaro.

Maman Ilham: Dakta, duk abin da ka faɗa gaskiya ne, kuma ba zan ce ban taɓa cike gurbi daga baya ba. Amma ka gaya min, ƙarfe uku na dare, ni kaɗai da mai shara, mata huɗu na naƙuda, an ɗauke wuta ina riƙe da tocilan a baki, wa zai riƙe agogo? Ita ta ce wani daban ya ba da maki. Ina wani dabam ɗin? Ku da kuke zagayowa da safe da farar riga kuna ganin kati ne kawai.

Likitan Yara: Ranki ya daɗe, ban musa ba, kuma ba da ke nake ba. Roƙona ɗaya ne: in ba a duba ba a bar gurbin fayau, ko a rubuta minti nawa ya yi kafin ya yi kuka. Wannan ya fi min amfani a kan 9 ɗin ƙarya, don da shi zan san ko in sa ido kan jijjiga.

Maman Ilham: Wannan kam na karɓa. Ummu Hanif, ki rubuta a bangon littafinki.

Ummu Hanif: Na rubuta Anti. Malam, ya ta ƙare? Ta yi aure?

Malam Na Tiyata: Ba ta yi ba. Bayan ta halarci haihuwa kusan 17,000, ta je Jami'ar Johns Hopkins ta yi digiri na biyu a lafiyar al'umma, ta gama a 1959, daga nan ba ta koma tiyata ba. Ta shiga gidauniyar March of Dimes, wadda aka kafa don yaƙi da shan inna, lokacin kuma an samu rigakafi suna juyawa zuwa matsalar yaran da ake haifa da nakasa. Ita ta jagoranci wannan ɓangare, tana yawo gari-gari tana magana a kan abin da iyaye ke ɓoyewa a ɗaka don kunya. Annobar rubela, 'yar'uwar ƙyanda, ta 1964 zuwa 1965 ta same ta a nan: jarirai kusan 20,000 aka haifa a Amurka da illarta, kurumta da makanta da ciwon zuciya. Ta dage kan a yi wa yara rigakafi, da kuma gwajin jinin Rh ga masu ciki, wato duba ko jinin uwa zai iya saɓa wa na ɗan cikinta. Ta rasu 7 ga Agusta 1974 tana da shekara 65, ciwon hanta, a asibitin da ta yi aiki. A 1994 Amurka ta sa hotonta a kan sarki na aika wasiƙa.

Amma ni labarinta da na fi so ba na asibiti ba ne. Tana kaɗa goge irin na Turawa tun tana yarinya, daga baya wata mara lafiyarta, Carleen Hutchins, ta koya mata sassaƙa shi. Suka hango wani katako mai kyau da aka yi kanta da shi a rumfar wayar tarho cikin asibitin, suka nema aka hana. Sai suka zo da dare da wani katakon a madadinsa. Da aka auna ya yi tsawo, Hutchins ta shiga banɗaki tana yanke shi da zarto, farfesa guda tana tsaye a bakin ƙofa da rigar aiki tana gadi. Katakon ya zama bayan goge. Ta haura shekara 50 kuma ta fara koyon tuƙin jirgin sama.

Kawu na Fagge: Au, ashe har da ɗauke katakon hukuma. Ummu Hanif, wannan ma Whipple ne ya sa ta?

Ummu Hanif: Kawu ai ta mayar musu da wani, musaya ce!

Admin: Jama'a an kusa sha biyu, masu aikin safe su kwanta. Baban Khalil, ka ci abincin kuwa?

Baban Khalil: Na ci har na ƙara. Na karanta wa maiɗakina duka, ta yi ta dariya kan maganar AS. Amma da na zo wajen bayanin Dakta sai ta yi shiru, ta ce ta tuna, da yarinyar ta fito ba ta yi kuka nan take ba, ta ga wata nas siririya ta ɗauke ta da sauri tana murza mata baya da tawul tana cewa haba 'yan mata, haba 'yan mata, sai ga kuka. Ta ce ko fuskarta ba ta riƙe ba saboda takunkumi. Gobe in na je karɓo takardar haihuwa zan tambayi wadda ta yi aikin daren Litinin.

Ɗan Maraɗi: A sa wa jinjirar Apgar mana.

Baban Khalil: Hajiyarmu ta riga ku, sunanta za a mayar. Suna ranar Litinin bayan sallar asuba, duk wanda ke Kaduna ya zo, akwai waina.